Bawan da Aka Ba Sungumi

Akwai wani mutum a wata ƙasa, sunansa Ranau. Bawa ne, ɗan bawa, an haife shi a gidan wani mai gandu. Gandu kuwa, saboda ku 'yan birni da kuka zuba mini ido zuru, shi ne babbar gonar maigida, wadda duk wanda ke ƙarƙashinsa yake yi wa aiki, ko yana so ko ba ya so.

A ƙasar nan, in ruwan shuka ya sauka, mutum biyu ne suke fitar da layi ɗaya. Na gaba yana riƙe da sungumi, wato abin saran rami mai doguwar ƙota, yana tafiya yana sara. Na baya yana riƙe da ƙoƙon iri, yana jefa 'yan ƙwayoyin gero a ramin, yana rufewa da diddige. Na gaba kansa a ɗage yake, domin sai ya kafa ido a kan wani abu can ƙarshen gona kafin layinsa ya miƙe. Na baya kuwa kansa a sunkuye, ba ruwansa da komai sai ramin da ke gaban ƙafarsa.

To, Ranau na baya ne. Tun yana ƙarami aka danƙa masa ƙoƙo, har furfura ta fara leƙowa a gemunsa bai taɓa riƙe sungumi ba. A gidan, 'ya'yan maigida ne kaɗai suke sara. Ranau ya san dugadugan kowannensu, ya san mai faso, ya san mai kaushi, ya san wanda yake jan ƙafar hagu. Amma ka tambaye shi wane itace ne a ƙarshen gandun da ya tsufa a ciki, sai ya tsaya yana sosa ƙeya.

Ana nan, sai wata shekara da rani wani dattijo na garin, mutum mai jinƙai, ya je wurin mai gandu ya fanshi Ranau da matarsa Marka. Abin da ya bayar ba ƙarami ba ne, har mutane suka yi ta cewa dattijon nan ya yi wauta. Ya kai su gaban mai gari ya ce, “Daga yau mutumin nan ɗa ne, ba bawa ba, shi da matarsa da duk abin da za su haifa.” Ya yanka masa gona daga cikin tasa, ya ba shi irin gero, ya kuma miƙa masa sabon sungumi.

Mai gari ya ce, “Ranau, ka dai san al'adar garin nan. Gonar da damina ta wuce ba a shuka ta ba, hannuna take dawowa, in ba wani.”

Ranau ya ce ya sani. Ya durƙusa ya yi ta godiya har sai da aka ɗaga shi. Da ya isa gida ya saƙale sungumin a jinkar ɗaki. Kullum sai ya sauko da shi ya goge, ya shafa wa ƙotar mai, ya mayar. Duk garin ba sungumin da ya kai nasa sheƙi.

Sai hadari ya haɗu daga gabas, aka sheƙa ruwa, ƙasa ta sha ta ƙoshi. Da gari ya waye ƙanshin ƙasa ya cika ko'ina, gari ya watse, kowa ya nufi gona. Marka tana da tsohon ciki a lokacin, amma ita ta riga shi fita da ƙoƙon iri a hannu. Suka isa bakin gonarsu. Ranau ya ɗaga sungumi sama, sai ya tsaya cak.

Marka ta jira. Ta sauya ƙafa. Ta sake jira. Can ta ce, “Maigida, lafiya?”

Ya ce, “Daga ina ake farawa?”

Ta ce, “Daga inda kake tsaye mana.”

Ya ce, “Wa ya ce?”

Ta ce, “Af! Wa kuma zai ce? Ba gonarka ba ce?”

Ya sauke sungumin a hankali. Ya ce, “In layin ya karkace fa? Gonar nan a bakin hanya take. In gero ya tsiro, duk mai wucewa zai gani, tun daga yanzu har kaka. Za a ce ga aikin bawan da aka ba sungumi.”

Haka suka yini. Ya ɗaga, ya sauke. Ya koma wancan gefe ya gwada, ya dawo. Rana ta take, maƙwabta suka gama nasu suka wuce suna yi musu sannu da aiki, alhali ko rami ɗaya babu. Marka ta ɗauki ƙoƙonta ta koma gida.

Ni fa wurin nan ne ya daɗe yana ɗaure mini kai, kuma ina so ya ɗaure muku. Me ya hana shi? Rashin ƙarfi? Mutumin da yake ɗaukar dami a ka ya yi tafiyar yini? Lalaci? Haba, Ranau bai san zama ba. Ko akwai igiya a ƙafarsa? Babu. Ba mai tsawa, ba mai bulala, sungumi nasa, gona tasa, iri nasa. To mene ne? Ku riƙe tambayar, kada ku yar, za mu dawo kanta.

Washegari da sassafe Ranau ya fito, shi a nufinsa gonarsa za shi. Amma ƙafa ta san hanyar da ta saba. Kafin ya ankara, sai ga shi a tsohon gandu. Ya tarar ana shuka, ga wani ƙoƙo a ajiye, ya sunkuya ya ɗauka, ya shiga bayan wani mai sara. Kai! Ku zo ku ga aiki. Jefa, rufe, jefa, rufe, hannu da diddige suna tafiya kamar ba a taɓa raba su da aikin ba. Zan kuwa faɗa muku gaskiya, ko da ba za ta yi muku daɗi ba: daɗi ya ji. Zuciyarsa ta kwanta, domin ba wanda zai tambaye shi gabas ko yamma.

Mai gandu yana zaune a inuwa yana kallo. Bai yi faɗa ba, ai irinsu ba sa faɗa in suna son abu. Ya yafito shi da murmushi ya ce, “Ranau, ka dawo gida? Na san za ka dawo. Wancan tsohon ya ɗora maka abin da ya fi ƙarfin wuyanka. Kai ba a yi ka don tunani ba. Dubi yadda ka rame! Gobe ka kawo irin nan, mu je gaban mai gari ka faɗa da bakinka ka dawo hannuna, gonar in haɗa ta da gandu. Tuwonka yana nan, ɗakinka yana nan. Ka huta.”

Ranau ya durƙusa ya ce, “To, ranka ya daɗe.”

Da ya faɗa wa Marka da yamma, tana tsakar tankaɗe. Ta ajiye rariya ta dube shi. Ta ɗora hannu a kan cikinta ta ce, “Kai kaɗai za ka koma, ko har da wannan?”

Ranau ya san amsar. Abin da aka haifa a ɗakin bawa, bawa ne.

Ta ce, “Ni an haife ni a gandu, uwata ma haka. Na yi zaton a kaina abin zai tsaya. Tsoro nake ji, maigida, kuma haushinka nake ji. Ba don ba ka iya ba, don ko gwadawa ba ka yi ba.”

Ya ce, “Ƙasa ta fara bushewa. In ban shuka ba, gonar ta tafi. In gona ta tafi, me za mu ci? Gara a koma tun ana so.”

Marka ta miƙe. Ta gyara ɗaurin zanenta ta fita, ba ta faɗa masa inda za ta ba.

Da gari ya waye Ranau ya ɗora jakar iri a ka, zai kama hanyar gidan mai gari. Ya duba jinka don ya yi wa sungumi kallon ƙarshe, bai gan shi ba, ya ce a ransa ya ma fi. Hanyar kuwa ta gefen gonarsa ta bi. Ya yi niyyar ya wuce kansa a ƙasa, abin da ya fi kowa iyawa. Sai ya ji an ce, “Ranau.”

Dattijon nan ne da ya fanshe shi. Ya tuɓe babbar rigarsa ya rataye a kan wani kututture, ya naɗe ƙafar wando, ba takalmi, yana riƙe da ƙoƙo. Marka tana tsaye a gefensa da sungumi. Ashe wurinsa ta je jiya.

Ranau ya zube a ƙasa. Dattijon ya ce, “Tashi. Ina za ka da irina?”

Ranau ya tashi. Can dabara ta zo masa, ya ce, “Baba, tun da ka zo, ai shi ke nan! Ka riƙe sungumi ka yi sara, ni in bi ka. Kafin rana ta yi zafi mun gama. Ba ka taɓa ganin mai zuba iri irina ba.”

Dattijon ya ce, “Na sani. Amma ban fanshe ka don in sauya maka dugadugan da za ka kalla ba. Zuba mini iri a ƙoƙon nan. Kai za ka yi sara, ni in bi ka.”

Ranau ya ce, “Haba Baba! Kai ka bi bayana? Mutane su ce me?”

Ya ce, “Su ce abin da suka ga dama. Karɓi sungumi. Yawwa. To, ɗaga kanka.”

Ranau ya ɗaga kaɗan.

“Ƙara.”

Ya ƙara, har wuyansa ya yi ƙara.

“Me ka gani can ƙarshen gona?”

Ranau ya ƙura ido, ya buɗe baki. Ya ce, “Ikon Allah! Ashe akwai ɗorawa a gonar nan?”

Dattijon ya yi dariya har da tari. Ya ce, “Tun ba a haife ka ba take nan, ni na dasa ta. Saboda ita na zaɓa maka wannan gefen. Ka kafa ido a kanta, ka tafi wurinta. Ramin da ke bayanka ba naka ba ne, nawa ne.”

Ranau ya gyara tsayuwa. Ya ɗaga sungumi, ya dubi ɗorawa, ya kai sara. Ƙasa ta buɗe, baƙa, da sauran danshi a ciki. Ya ji ƙwayoyin gero sun faɗa a bayansa, ya ji diddige ya rufe. Ya taka, ya sake sara.

Kada ku ɗauka daga nan ya zama gwani. Ina! Ya yi 'yan taku sai kai ya koma ƙasa, layi ya yi hagu. Ya tuna, ya ɗaga, ya dawo. Ya waiga don ya ga ko dattijon yana nan, layi ya yi dama. Masu wucewa suka tsaya suna nunawa da baki, wata mata mai tallan fura har da riƙe ciki don dariya.

Yana tsakiyar gona sai ga mai gandu a kan jakinsa, ya gaji da jira ya biyo sawu. Wannan karon ba murmushi. Ya daka tsawa daga bakin hanya, “Kai Ranau! Ni ka shanya a ƙofar mai gari? Ajiye abin nan ka zo nan!”

Muryar da ya tashi da ita ke nan tun yana goye. Gwiwoyinsa suka fara lanƙwashewa da kansu, ba tare da sun yi shawara da shi ba. Sai ya ji wata murya a bayansa, ƙasa-ƙasa, “Ina jiran rami, Ranau.”

Ranau ya miƙe. Bai yi zagi ba, bai yi cika baki ba, muryarsa ma rawa take yi. Ya ce, “Ranka ya daɗe, ka yi haƙuri. Ina shuka gonata.” Ya nemi ɗorawa da ido, ya kai sara.

Mai gandu ya yi ta bambami har ya gaji, ya juya jakinsa ya tafi.

Da Ranau ya isa gindin ɗorawa ya juyo ya dubi aikinsa, sai kunya ta rufe shi. Layin ya yi kwana-kwana kamar sawun maciji a kan rairayi. Ya ce, “Wayyo, Baba, dubi abin da na yi! Bari in share, in sake daga farko.”

Dattijon ya juya masa ƙoƙon, ya ga irin ya ragu. Ya ce, “Ka share me? Na riga na shuka.”

“Har da inda ya karkace?”

“Ban tsallake ko ɗaya ba. Juya, mu kama na biyu, rana tana yi.”

Na biyu ya fi na fari, na uku ya fi na biyu. Dattijon bai tafi ba sai da aka rufe ramin ƙarshe, Marka tana zaune a inuwar ɗorawa tana kuka tana dariya. Kafin gero ya yi kai ta sauka, aka sami 'ya mace, aka sa mata suna Godiya, aka haife ta 'ya, ba baiwa ba. Layin farko kuwa bai miƙe ba, haka ya tsiro a karkace, duk damina masu wucewa suna gani. Da kaka ta yi, daga cikinsa Ranau ya zaɓi zangarniyar da ya ajiye don irin baɗi.

Ma'anar wannan misali ita ce, kuma ku na bencin baya ku farka, da ku nake.

Ranau ni ne, Ranau kai ne, Ranau ke ce. Gandu shi ne bautar zunubi da tsoro da muka tashi a ciki. Mai gandu shi ne Mugun, wanda yakan zo da murmushi in yana so, ya zo da tsawa in murmushi bai ci ba. Dattijon nan kuwa Ubangijinmu Yesu ne, wanda ya fanshe mu, ba da tumaki ko shanu ba, da ransa. Gona ita ce kwanakin da Allah ya ba ka a duniya, sungumi kuma shi ne abin da ya sa a hannunka ka yi aiki da shi.

Yanzu mu koma kan tambayar da na ce ku riƙe. Me ya hana Ranau sara? An fitar da shi daga gandu, amma wuyansa bai ji labari ba. Ya saba wani ya zaɓa, shi ya bi, in abu ya lalace ba laifinsa ba ne. 'Yanci yana da nauyi, 'yan'uwa, kada wani ya ruɗe ku. Shi ya sa za ka ga mutum an yi masa baftisma, yana waƙa da ƙarfi ranar Lahadi, amma ranar Litinin ƙafarsa ta kai shi tsohuwar mashaya, ko ƙofar boka, ko gindin mutumin da yake taka shi yana kuma gode masa. Ba don wurin yana da kyau ba, don ya saba ne. Kuma ku lura da tambayar Marka, domin ba mai komawa gandu shi kaɗai, 'ya'yansa suna biye.

Akwai kuma masu goge sungumi. Allah ya ba ka murya, ya ba ki hannun sana'a, ya ba ka zuciyar sulhunta mutane, kun saƙale a jinka kuna shafa mai. In an ce wa zai je ya gai da gwauruwar nan, wa zai faɗi gaskiya a taron unguwa, wa zai koya wa yara, sai kowa ya sami abin kallo a kan takalminsa. Na gan ku, ai daga nan gaba ana ganin kowa. Me kuke tsoro? Kada layi ya karkace a bakin hanya, mutane su yi dariya. To, za su yi. Wannan kam ba zan ɓoye muku ba.

Wani mai wayo a cikinku zai ce, “Malam, ashe ba mu ne ya kamata mu bi Ubangiji ba? Yaya ka sa shi a baya?” Madalla da tambaya, ni ma na yi ta juya ta. Amma wa ya dasa ɗorawar? Wa ya ce a kafa ido a kanta? Ɗorawar nan ita ce nufin Allah a kan ranka, ya dasa ta tun ba a haife ka ba. Da Ranau yake tafiya wurinta, maganar dattijon yake bi. Ubangiji yana gabanka, shi ne abin dubanka. Yana kuma bayanka, ya tuɓe rigar ɗaukakarsa, ya ɗauki ƙoƙon bawa, yana zuba rai a cikin ɗan abin da ka sara. Mai gandu yana son ƙeyarka. Mai Fansa yana son ya ga fuskarka, shi ya sa maganarsa ta fari ita ce ka tashi, ta biyu ka ɗaga kai. Darajarka ke nan, kuma ba wanda ya isa ya karɓe ta, sai in kai ka kai ta da ƙafarka.

Ƙarfin hali kuma ba rashin tsoro ba ne. Kun ji muryar Ranau tana rawa sa'ad da ya amsa wa mai gandu. Da rawar muryar ya faɗa, ya kuma kai sara.

Saboda haka kowa ya koma gida yau ya dubi jinkar ɗakinsa. Ka san abin da ka saƙale a can, ba sai na faɗa maka ba. Ƙasa tana da sauran danshi, amma ba za ta jira ka har abada ba. Sauko da shi, ka tsaya a inda kake, ka ɗaga kai, ka yi saran farko. Zai yiwu ya karkace. Wanda yake bayanka da ƙoƙo ba ya tsallake rami.

Mai kunnen ji, ya ɗauki sungumi. Amin.